Babi na Shida: Madatsun da Babu Wanda Ya Gina

"Wane kamfani aka ba wannan kwangilar?"

Tambayar da Kawu ya fara yi ke nan da muka tsaya a bakin kwazazzabon muna leƙen ƙasa. Shekara talatin da uku ya yi yana aikin madatsun ruwa kafin ya ajiye aiki, saboda haka duk inda ya ga ruwa a tare, sai ya nemi wanda ya tare shi. Abin da ke ƙasanmu kuwa ruwa ne a tare, hawa-hawa kamar matakalar bene. Ga tafki, ga ganuwa lulluɓe da ciyayi a bakinsa, ruwa na tsallake ganuwar yana zuba cikin wani tafkin da ke ƙasa, shi ma da tasa ganuwar, haka dai har inda kwazazzabon ya karya kwana. Jagorarmu wata matashiya ce mai jar lema a naɗe, wadda take ɗagawa sama don kada mu ɓace mata cikin jama'a. Ta yi murmushin wadda ta saba jin irin wannan tambaya, ta ce babu kamfani, babu injiniya. Ruwan ne ya gina wa kansa, kuma har gobe bai gama ginin ba.

Kawu ya juyo ya ce mini da Hausa, "Yarinyar nan da furfurata take wasa."

Na ce, "Kawu, a bari mu sauka tukuna."

Sunan wurin Plitvice, masu ƙasar suna furta shi kamar "Filitbitse". Gandun daji ne na ƙasa a Kuroshiya, cikin yankin duwatsun da ake kira Lika, dab da iyakar Bosniya. Tafkuna 16 ne a jere, kowanne yana zuba cikin wanda ke ƙasa da shi. Na can ƙoli yana mita 636 sama da teku, na ƙarshe yana mita 503, wato ruwan yana gangarowa mita 133 cikin tafiyar kilomita takwas. A 1949 aka keɓe wurin, shi ne gandu mafi tsufa kuma mafi girma a ƙasar, a 1979 kuma hukumar UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya. Faɗinsa ya kusa murabba'in kilomita 300, amma tafkunan da duniya ke tururuwar gani ba su cika kashi ɗaya cikin ɗari na wannan faɗin ba. Sauran galibi kurmi ne.

Taron kwana uku ne ya kai mu Zagreb a ƙarshen watan Mayu, shi a matsayin tsohon injiniya, ni a matsayin mai riƙon jaka da biro. Kwana ɗaya tak ya rage mana kafin jirginmu. Akwai motocin haya da ke tashi daga babbar tashar birnin zuwa gandun, ana kuma iya hayar mota mutum ya tuƙa kansa. Abin da ya hana mu shi ne tikiti. Tun 2019 ana sayar da shi ta intanet, da ranar shiga da sa'ar shiga da ƙofar da za ka bi duk a rubuce, kuma kowace sa'a tana da adadin mutanen da ake bari su wuce. A shekarar da muka je, lokacin zafi, daga Yuni zuwa Satumba, kuɗin babba yuro 40 ne, da hunturu ya sauko yuro 10. Baƙon da bai san hanya ba, ga dattijo mai ciwon gwiwa a tare da shi, in ya makara a hanya ya yi asarar kuɗi da yini gaba ɗaya. Sai muka biya wani kamfanin yawon buɗe ido, ya ɗauke mana mota da tikiti da jagora. Abin da ban lura ba a lokacin shi ne mun haɗa har da agogonmu mun miƙa masa.

Ƙarfe takwas na safe muka tashi, mu goma sha shida a ƙaramar bas. Tafiyar kilomita 130 ce, kamar sa'a biyu da 'yan kai. Har zuwa Karlovac babbar hanya ce shimfiɗaɗɗa, babu abin faɗa a kanta. Daga nan aka sauka tsohuwar hanya mai ratsa ƙauyuka, inda mata ke kasa zuma da cuku da kwalaben giyar gida a bakin titi, kusan kowane gida kuma da allon da ke cewa akwai ɗakin haya. A nan na fara ganin bangaye masu ramuka-ramuka kamar fuskar wanda ya yi agana. Wani gidan an yi masa sabon fenti, na kusa da shi ba rufi, itace ya tsiro ta taga. Jagorar ta rage murya ta ce harsashi ne. Nan ne bakin daga lokacin yaƙin da ya biyo bayan wargajewar Yugoslabiya, daga 1991 zuwa 1995.

Ban san cewa yaƙin nan a cikin gandun da za mu ya fara cin rai ba sai a wannan motar. Ranar 31 ga Maris 1991, ranar Ista ta Kiristoci, 'yan sandan Kuroshiya suka yi arangama da mayaƙan Sabiyawa da suka mamaye ofisoshin gandun. Mutum biyu suka mutu, ɗaya daga kowane ɓangare. Na ɓangaren Kuroshiya wani matashin ɗan sanda ne, Josip Jović, wanda suke lissafawa a matsayin mamacinsu na farko a yaƙin, akwai kuma ginshiƙin tunawa da shi a gandun. Shekara huɗu wurin yana hannun Sabiyawa, otal-otal suka koma barikin soja, UNESCO ta sa shi cikin wuraren da ke cikin haɗari daga 1992 har 1997. Sai a watan Agusta 1995 sojojin Kuroshiya suka karɓe shi, Sabiyawan yankin da yawa suka yi hijira, gidajen da na gani ba rufi wasunsu nasu ne. Jagorar ta ba da labarin cikin minti biyar, ta ɓangaren mutanenta, kamar yadda kowa ke ba da labarin yaƙi. Kawu bai ce komai ba sai "Allah ya kyauta", irin ta wanda ya ga yaƙin basasar 1967 da idonsa.

An tsaya da mu minti talatin a Rastoke, wani ƙauye a gefen garin Slunj da aka gina bisa ruwa, inda kogin Slunjčica ke rarrabuwa ta ƙarƙashin gidaje yana juya duwatsun niƙa kafin ya faɗa kogin Korana. Wuri ne da ya cancanci yini guda. Mu dai mun sha shayi a tsaye, jar lema ta ɗaga, muka koma mota.

Ta Ƙofa ta Ɗaya muka shiga, kuma duk wanda ya tsara wannan ƙofa ya san aikinsa. Taku kaɗan daga inda ake duba tikiti sai ƙasa ta yanke a gabanka, ka tsinci kanka a bakin kwazazzabon da na fara ba da labari. Can tsallake ga babbar matsirgar ruwan, Veliki Slap, mita 78, wadda ta fi kowace tsawo a ƙasar. Wanda ya san Gurara da damina, da jan ruwanta da rugugin da ke hana ka jin maganar na kusa da kai, zai ga wannan siririya ce, kamar an warware farin rawani an sako shi daga kan dutse. Abin mamaki, ruwanta ba daga tafkunan yake ba. Wani rafi ne dabam, Plitvica, ya biyo ta saman tudu ya faɗo. A ƙasanta yake haɗuwa da ruwan tafkuna, daga mahaɗar nan kogin Korana ya fara.

Launin ruwan ne ya fi ba ni wahalar faɗa. Shuɗi ne mai sirkin tsanwa, wani wuri ya yi haske kamar an zuba madara a ciki, wani wuri ya yi duhu kamar rinin da aka tsoma sau bakwai. In gajimare ya gifta sai ya sauya. Ka ɗebo shi a tafin hannu kuwa, garau yake, babu launin komai. Farar lakar da ke kwance a ƙasan tafkin ce ke maido da hasken rana, zurfi da tsaftar ruwan su ƙarasa sauran.

Muka gangara ta wata hanya mai lanƙwasa har bakin ruwa, muka hau gadar katako. Gadojin nan su ne hanyar gandun. Gungumen itace ne aka jera dab da fuskar ruwa, faɗinsu bai fi mutum biyu su gifta juna ba, galibinsu kuma babu abin dafawa. Ruwa na gudu ta ƙarƙashinka, wani wuri ya fantsamo ta tsakanin katakan ya jiƙa maka ƙafa. Kawu da ya ƙi jin shawara ya sa takalmin fata mai santsi, sai ga shi ya riƙe mini kafaɗa kamar makaho da ɗan jagora.

A kan ɗaya daga cikin ganuwoyin nan jagorar ta tsayar da mu, ta nuna wa Kawu wani icce da ya faɗa ruwa. Rassansa duk sun yi fari, sun yi kauri, kamar an shafe su da farar ƙasa. Ta ce ya duba gefen gadar kuma, inda gansakuka ta lulluɓe dutse. Saman kore ne mai taushi, da rai. Ƙasa kaɗan ya fara tauri. Ƙasan wannan kuma dutse ne sosai, ruwan ƙasa-ƙasa, mai huji-huji kamar soso, amma in ka ƙura ido za ka ga siffar ganyen gansakukar a jikinsa. Suna kiran dutsen sedra.

Ga yadda abin yake. Duwatsun yankin irin wanda ake haƙa a Kalambaina da Ashaka ne don yin siminti, tare da wani ɗan'uwansa da ya fi shi tauri. In ruwan sama ya sauka a kurmi, yana ratsa ruɓaɓɓen ganye da ƙasa, ya kwashi iskar kabon, irin wadda muke fitarwa in mun yi numfashi. Iskar nan tana sa masa ɗan tsami, da tsamin yake narkar da dutsen a hankali yana tafiya da shi ta ƙarƙashin ƙasa. Ya ɓullo a idon ruwa garau, amma ɗauke yake da narkakken dutse iya cikinsa. To, duk inda ya ci karo da wani abu ya yi tsalle ya fantsama, sai iskar ta kuɓuce, kamar yadda take fita in ka girgiza kwalbar lemo. Da iskar ta fita, ruwan ba ya iya riƙe kayansa, sai ya sauke. Duk matar da ta taɓa kankare farin ɓawo daga cikin butar shayi a garin da ruwan rijiyarsa ke da nauyi ta san ƙanen wannan al'amari.

Sai dai ruwa mai gudu zai tafi da ƙurar dutsen in babu mai riƙe ta. Nan ne aikin masu rai ya shigo. A jikin gansakuka akwai ƙananan halittu da ido ba ya gani, masu fitar da yauƙi, ƙwayoyin dutsen suna manne wa yauƙin nan. Gindin gansakukar ya daskare ya mutu, kanta ya ci gaba da tsiro sama don neman haske, sabon tsiron ma a binne shi, ya sake tsirowa. Inda ruwa ya fi tsalle nan dutse ya fi taruwa, inda dutse ya fi taruwa nan ruwa ya fi tsalle. A galibin wurare a duniya matsirga cin dutsenta take yi tana ja da baya. A nan ƙara masa take yi. Ganuwar tana tashi kamar santimita ɗaya a shekara, wani wuri fiye da haka, tafkin da ke bayanta yana ƙara zurfi. Waɗanda muke takawa sun yi shekara dubu shida zuwa dubu bakwai ana ginin su.

Kawu ya daɗe a tsugune, mutane na ratsa mu suna tsaki. Da ya miƙe sai ya ce, "Kai, ɗana. Mu muna gina madatsa, daga ranar da aka buɗe ta take fara tsufa. Yashi ya cike ta, bango ya tsage, a yi ta neman kuɗin gyara. Wannan kuwa kullum ƙaruwa take." Ya yi lissafi da yatsu, ya buɗe tafin hannunsa ya auna taƙi ɗaya da rabi a iska. "Duk shekarun da na yi ina aiki, iyakar abin da ta ƙaru ke nan." Ya juya ga jagorar ya ce mata da Turanci ya janye maganarsa. Ba ta san wace magana ba, tunda da Hausa ya yi ta.

Wani masanin tsirrai ɗan ƙasar, Ivo Pevalek, shi ne tun cikin shekarun 1920 ya dage yana nuna cewa tsirran nan su ne maginan, in sun mutu tafkunan sun mutu, kuma bincikensa na cikin abin da ya sa aka keɓe wurin. Akwai allon tunawa da shi a gandun. Kafin shi ma akwai masu kishin wurin, don tun 1893 aka kafa ƙungiyar kula da tafkunan, wata shahararriyar mawaƙiya, Milka Trnina, ta ba su kuɗin da ta samu a wasa, aka sa wa wasu ƙananan matsirgu sunanta. Mun wuce ta gabansu da sauri.

Wannan bayani ne ya sa na fahimci dokokin da da farko na ɗauka tsirfar Turawa ce. Ginin ba ya yiwuwa sai ruwa yana da tsafta ƙwarai. In ƙazanta ta yi yawa a cikinsa, ko taki, ko sabulu, ko najasa, sai dutsen ya daina kamawa. Shi ya sa tun 2006 aka hana wanka a tafkunan. Wanda ya saba da Wikki a Yankari, inda kowa ke tuɓewa ya faɗa, zai ji abin wani iri. Shi ya sa ba a sauka daga katako, don ƙafa ɗaya tana murƙushe aikin shekaru. Shi ya sa icce in ya faɗi ake barinsa inda ya faɗi. Shi ya sa kuma aka keɓe kurmi mai faɗin nan duka saboda 'yan tafkunan da ke tsakiyarsa, domin kurmin ne matatar ruwan, ƙasarsa ce ke ba ruwan tsamin da yake aiki da shi. A cikinsa akwai beyar, wadda ita ce tambarin gandun, da kyarkeci, da wata babbar kyanwar daji mai tsinin kunne. Ɗan yawon yini ɗaya ba zai ga ko ɗaya ba. Kifi dai za ka gani har ka gaji, suna tsaye cik a ruwa kamar an rataye su, suna jiran ɓarɓashin burodin da aka hana a ba su.

Tafkuna huɗu ne a kwazazzabon, su ake kira na ƙasa. Muka bi gefensu har muka fito wani fili a bakin Kozjak, babban tafkin, inda ake cin abinci a jira jirgin ruwa. Musulmi ya yi tambaya kafin ya ci, don naman da ake gasawa a irin wuraren nan akwai na alade a ciki, kuma a kan waya ɗaya ake gasa komai. Mu burodi muka ci da cukun Lika, wani fari mai ƙara a haƙori in ana tauna shi, da wata waina mai tuffa a ciki. Jagorar ta ba mu minti ashirin da biyar. Muka koma gefe bayan itatuwa, muka yi alwala da ruwan gora, muka haɗa Azahar da La'asar kasaru a kan ciyawa. Kawu yana zuba ruwan a hannu da tsimi, ga tafki mai zurfin fiye da mita 45 a gabansa, ya ce, "Ga ƙoshi ga kwanan yunwa."

Layin jirgi ya ci mana minti arba'in. A nan na fara ganin jagorar tana duban agogo tana cije leɓe. Jiragen da lantarki suke aiki, ba hayaƙi ba ƙara, kuɗinsu na cikin tikiti, kuma tsallakawar kamar minti ashirin ce. Ita ce kaɗai lokacin da muka zauna shiru a yinin nan. A tsakiyar tafkin akwai inda ruwan ke yin haske, kamar wani dogon tudu yana kwance 'yan mitoci a ƙarƙashi. Tsohuwar ganuwa ce. Shekaru kamar 400 da suka wuce Kozjak tafki biyu ne, da matsirga a tsakaninsu. Ganuwar da ke ƙasa ta fi ta tsakiyar saurin tashi, ruwa ya hau ya shanye ta, biyu suka zama ɗaya. Wato ko adadin nan na 16 na zamaninmu ne kawai.

Sunan Kozjak daga kalmarsu ta akuya ya fito. Wai wasu awaki ne suka gudo wa kyarketai da hunturu, suka bi ta kan ƙanƙarar da ta rufe tafkin, ta fashe da su. Kusan kowane tafki da irin tatsuniyarsa, ta makiyayi, ko ta attajiri mai ɓoyayyar dukiya, ko ta wani mai ibada da ya zauna a kogo. Wadda ta fi shahara ita ce ta Baƙar Sarauniya. An yi fari mai tsanani, mutane suka yi ta roƙo, ta tausaya ta aiko da ruwa har tafkuna suka cika, shi ya sa wai sunan tafkin ƙoli, Prošćansko, ya fito daga kalmar roƙo. Wasu sun ce a'a, daga kalmar shinge ne. Kawu ya zaɓi ta farko. "Ashe su ma sun san roƙon ruwa," in ji shi.

Tafkunan sama goma sha biyu ne in an haɗa da Kozjak, kuma a ganina su ne Plitvice. Na ƙasa don hoto aka yi su, na sama don tafiya. A can babu kwazazzabo, tudu ne mai sauƙin gangara, sai ruwan ya bazu cikin kurmi ya rasa hanya ɗaya. Yana fitowa ta tsakanin saiwoyi, ta ƙarƙashin matakala, ta cikin ciyawa, ya zubo ta fuskar dutse mai gemun gansakuka a wuri ashirin lokaci guda. Ka juya dama ruwa, hagu ruwa, sama da kanka ruwa. A gaban wata matsirga da ake kira Veliki Prštavac feshi ya jiƙa mu sharkaf, sanyinsa har ƙashi, ko da yake rana na sama. Ni mutumin da ya taso yana jan guga a rijiya mai gaba goma sha biyar ne, ina ganin mata suna kwana a layin famfo. Akwai wani abu mai kama da haushi da ya taso mini a wurin nan, ganin ruwa mai daɗi yana ta zuba dare da rana babu mai tara ko bokiti. Daga baya haushin ya wuce, ya bar ni da tasbihi.

A nan ne kuma agogon da muka sayar ya nemi haƙƙinsa. Layin jirgi ya cinye lokacin, direba na jira, wasu cikinmu suna da jirgin sama da dare. A bakin tafkin Galovac jar lema ta juya. Ba mu ga Prošćansko ba, ba mu ga inda Baƙin Kogi da Farin Kogi suke haɗuwa su shayar da tafkunan duka ba. Na roƙi minti goma, ta ce, "Yallaɓai, in na ba ka goma, sai na ba mutum goma sha biyar." Gaskiyarta. Aka ɗora mu a wata doguwar mota mai jan tarago, wadda suke kira jirgin ƙasa ko da yake a kan kwalta take tafiya, ta mai da mu kusa da ƙofa. Sa'a huɗu da rabi muka yi a ciki, muka taka kamar kilomita bakwai. Hanya mafi tsawo da hukumar gandun ta shata kilomita 18 ce, tana cin sa'a shida zuwa takwas.

Ba na ganin laifin yarinyar. Laifin, in akwai shi, na yawanmu ne. Ƙasar ba ta cika mutum miliyan huɗu ba, amma a 2017 kaɗai baƙi kimanin miliyan ɗaya da dubu ɗari bakwai suka shiga gandun nan. A watan Agusta akan sami fiye da mutum dubu goma a yini, a kan katakon da mutum biyu ke gifta juna da ƙyar. Galibinsu irinmu ne, 'yan yini ɗaya daga Zagreb ko Zadar ko Split, kuma duk tsakanin ƙarfe goma da sha biyu suke isowa, su bi hanya ɗaya, su tsaya a wuri ɗaya su ɗauki hoto iri ɗaya. Mutum ɗaya in ya tsaya gyara murmushi, mutum ɗari sun tsaya a bayansa. Akwai waɗanda suka bar hanya don neman hoto suka faɗo daga kan dutse, har da asarar rai. Wanda ya fi wannan haɗari ga tafkunan shi ne gidajen hayar da suka yi ta tsirowa a ƙauyukan cikin gandun, ba tare da magudanar najasa ta kirki ba, a ƙasar da duwatsunta huji ne ko'ina, abin da ka zuba a bayan gida yau gobe yana idon ruwa. A 2017 UNESCO ta aiko da tawaga ta duba, ta ja kunne. Tikitin sa'a-sa'a da ya tura mu hannun kamfani yana cikin abin da ya biyo baya. Kuɗin baƙi ne ke ciyar da Lika, yankin da yaƙi da hijira suka kwashe wa mutane, kuma baƙin nan ne ke barazana ga gansakukar da ta jawo su. Na shiga lissafin nan ni ma, da yuro ɗina da takalmina.

To, ko bin jagora ya biya kuɗinsa? A wurina ya biya, saboda minti goma ɗin nan da ta tsayar da mu a kan ganuwa. Da mu kaɗai muka je, da mun ga ruwa mai kyau mun yi hoto mun dawo, Kawu yana nan yana neman sunan kamfanin. Na ga mutane da yawa suna taka dutsen nan ba su san yana da rai ba. Amma jagora tana ba ka ido ne ta karɓe maka ƙafa. Inda ka so zama za a ce tashi, inda ba ka damu da shi ba a nan za a yi layi.

A hanyar komawa kowa ya yi barci sai Kawu. Ya cire takalman da suka jiƙe ya ajiye a gefe, ya ciro takardar taron da muka je ya juya bayanta, yana zana ganuwa da kibiyoyin ruwa, yana gunaguni shi kaɗai. Wajen Karlovac ya taɓa ni ya ce, "In Allah ya sa da rabon dawowa, kwana za mu yi." Muka shiga Zagreb ƙarfe bakwai na yamma, rana ba ta ko yi ja ba.

Mai karatu, in kwana ɗaya gare ka kamar mu, bi jagora, ka tambaya tun kafin ka biya ko tikitin shiga na cikin kuɗin da kuma ko za a kai ka tafkunan sama. Ka sa takalmi rufaffe mai kama ƙasa, ka riƙe rigar ruwa da guzurinka, ka guji Yuli da Agusta in da hali. In kuwa kana da kwana biyu, ka kama ɗaki a ɗaya daga ƙauyukan bakin gandun. Lokacin zafi ƙarfe 7 na safe ake buɗe ƙofa, motocin 'yan yini ɗaya kuma ba sa fara isowa sai wajen goma.